Hannun Malam Natsuwa

Ya kamata mai ba da labari ya tsaya a tsakiya, kada ya karkata. Ni dai na gwada na kasa. Ina bayan Malam Garaje, ko da yake ba shi da wata gaskiya ta a zo a gani, domin duk namijin da furfura ta fara leƙo masa a gemu ya san irin haushin nan da ake ji na aboki, wanda ba a iya faɗin dalilinsa a gaban mutane.

Garaje mai gyaran keken ɗinki ne, kuma ba iyayensa ne suka sa masa wannan suna ba. A fim ya samo shi. Yana sabon aure wasu ma'aikatan lafiya suka shigo unguwa neman maza biyu da za su fito a wani gajeren fim na barkwanci, wanda za a riƙa nuna wa masu jiran layi a asibitin awo don a koya musu kula da sabon jariri. Aka ɗauke shi saboda manyan idanunsa da dogon wuyansa. Aka ɗauki abokinsa mai aski saboda yana da irin fuskar nan da ake ba ajiya.

Labarin fim ɗin ba shi da wuya. Maƙwabta ne biyu, matar kowanne ta haihu, an bar shi da jariri na ɗan lokaci. Malam Garaje ke farawa. Zai gwada zafin ruwan wanka da ƙafa, da takalminsa. Zai juye garin sabulun wanki a baho har kumfa ta kai masa haɓa. Zai ɗaura wa jariri nafkin a ka. Da ya rasa inda ya ajiye tawul, sai ya rataye jaririn a ƙusa ta wuyan riga ya tafi nema. Daga ƙarshe jaririn ya sulluɓe masa saboda santsi, ya yi sama, ya fita ta taga, ya faɗa kwandon wankin maƙwabta. Nan wata murya mai kauri za ta ce, “Kada ka zama Malam Garaje.” Sai a nuno Malam Natsuwa, wato mai aski, cikin riga mai dogon hannu, yana taɓa ruwa da gwiwar hannu, yana tallafe wuyan jariri, yana bubbuga masa baya a hankali har ya yi gyatsa.

Jaririn dai ’yar tsana ce ta roba da aka ɗura wa yashi don ta yi nauyi. Amma je ka gaya wa matan da suka kalla.

Daga nan rayuwar mutanen biyu ta rabu. Mace za ta tsaya a ƙofar shagon aski ta miƙa wa Natsuwa jariri don ta gyara zanen goyo. Wata ta zo tambayar maganin ƙurajen zafi, ana cikin yi wa mutum aski a bar shi da rabin kai. Garaje kuwa, in mai jego ta hango shi tafe, sai ta mayar da ɗanta ɗaya kafaɗar. Da matarsa ta haifi ’yarsu tilo, wadda yake kira Gimbiya, ba ta bari ya ɗauke ta ba sai da yarinyar ta fara zama da kanta. Ta ce ba wai ta yarda da fim ba ne, amma dai ta gani da idonta. Ranar ya kafa doka: ba a sake ambaton fim ɗin nan a gidansa.

Abin da ya fi ci masa rai shi ne wanda ba wanda ya sani. A ranar ɗaukar fim, da aka kunna manyan fitilu aka matso da kyamara kusa don a ɗauki hannuwa kaɗai, sai hannun mai aski ya kama rawa. Ya zubar da hoda, ya soke kansa da fil. Daraktan ya gaji ya ce, “Kai mai keke, zo ka sa rigarsa.” Saboda haka duk inda aka nuno hannun Malam Natsuwa a kusa, yana naɗe nafkin tsaf kamar wasiƙa, yana goge bayan kunne, yana tallafe ƙeya, hannun Garaje ne. Fuskar kirki ta mai aski, aikin kirki na Garaje, kuma unguwa ta zaɓi fuska.

Shekaru suka tura. Kaset ya daina yayi, Garaje ya yi tumbi, sunan dai ya zauna daram. Sai ga Gimbiya ta yi aure ta haifi ’ya mace, ta dawo gida don uwarta ta kula da ita. Aka ba ta ɗakin da ke kallon tsakar gida.

Garaje ya shirya. Ya yanke farce. Ya wanke baƙin man keke da kalanzir, ya wanke kalanzir da sabulu, ya wanke sabulu da lemon tsami. Ya sa riga mai laushi wadda ba ta da maɓalli a ƙirji. Sannan ya je ya tsaya a bakin ƙofar ɗakin, hannuwa a baya, yana jira a ce, “Baba, ga ta.” Roƙo dai ba zai yi ba. Kaka ne, kuma gidansa ne.

Ba a ce ba. Matarsa ta ɗaga kai ta ce, “Yawwa Malam, tunda kana tsaye, gas ya ƙare.”

Washegari ma ya tsaya, aka aike shi sayen auduga. Ana haka har kusan mako, kowa ya zo sai a ɗora masa jaririya: uwar mijin Gimbiya, ƙannen mijin, matar maƙwabci, har da mai kawo musu ruwa an ce ta ɗan riƙe. Garaje bai yi mamaki ba. Gimbiya ta yi watanni tana zuwa awo, me kuwa ake nuna wa mata a wurin awo in ba shi ba? Yarinya ta zauna da tsohon ciki ta kalli ubanta yana jefa jariri ta taga. Ya fahimce ta. Ya ma yafe mata.

Wanda bai yafe wa ba shi ne mai aski. Wata rana da la'asar jaririyar tana ta tsala kuka, an yi jijjigar an yi waƙar ta ƙi, sai ga Natsuwa ya yi sallama da ’yar ledar sabulun jarirai. Ya raɓa ta gefen Garaje a bakin ƙofa kamar wanda ya wuce turken rumfa, ya wanke hannu a baho, ya miƙa su gaba.

“Kawo mini amaryata. Wa ya taɓa ki? Gaya mini in aske masa gira.”

Gimbiya ta miƙa masa ita ba ko waiwaye. Ya kifa ta a kan damtsensa, ya shafa bayanta sau biyu. Ta yi wata gyatsa irin ta magidanta, ta yi tsit.

“Ikon Allah,” in ji uwar mijin, tsohuwar malamar makaranta ce mai tabarau, ba ta cika yabo ba. “Bawan Allah, kai kam an ba ka hannu.”

An ba shi hannu! Garaje ya ji maganar har cikin haƙoransa. An ba shi kam, kuma ga wanda ya ba shi nan tsaye yana ƙamshin lemon tsami. Amaryata, wai. A gaban kakan da ya fi kowa haƙƙin faɗin wannan kalma, wanda ko yatsan ƙafarta bai taɓa ba.

Da safe ya tafi shagon aski, ya zauna a kujera ba tare da ya amsa gaisuwa sosai ba.

“Kakan amarya!” in ji Natsuwa, yana yafa masa ƙyalle. “Gemu ne, ko har da ɗan abin da ya rage a sama?”

“Gemu. Kuma ka bi a hankali, na san hannunka.”

“Hannun da ya tsufa yana yawo a maƙogwaronka bai yanka ka ba?”

“Ai ba a kunna fitila ba ne.”

Natsuwa ya tsaya da burushi a hannu, ya dube shi ta madubi, ya fashe da dariya. “Au! Har yanzu kana can?”

“Ina can. Ba inda na je.”

“Wai me ke cin ka ne? Kwana biyun nan in na gaishe ka sai ka ce na taka maka ƙafa.”

“Ba abin da ke ci na. Mamaki kawai nake yi, mutum da sana'arsa ya rufe shago da rana ya tafi rainon jikar wani.”

“Jikar wani? Haba Garaje. Uwarta fa a kafaɗar nan ta yi tumbuɗinta na farko. Kana wurin aiki matarka ta kawo mini ita in duba mata cibiya.”

Wannan kuma sabon labari ne. Har aka gama askin Garaje na kallon hannun mai aski a madubi, yana addu'ar ya yi rawa ko sau ɗaya ne, ko da kuwa zai yanke shi. Bai yi ba.

Yana komawa shagonsa ya janyo akwatin ƙarfe daga ƙarƙashin teburin aiki. Ƙarƙashin tsofaffin bel da gwangwanayen allura akwai kaset ɗin da aka ba shi kyauta ranar da aka gama fim, naɗe a leda. Yana da shaida. Tun yana koyon aiki allurar keke ta taɓa huda masa farcen manuniyar hagu, farcen ya tsage gida biyu, bai sake haɗewa ba. Wannan farce ya fito a fim, ƙato, ya cika talabijin. Abin da ya rage kawai a tsayar da hoton a daidai wurin.

Maƙwabcinsa mai gyaran rediyo ya tono masa wata tsohuwar bidiyo daga cikin tarkace, ɓeraye sun yi haya a ciki. Garaje ya kwance ta, ya share, ya ɗiga mata man keke, ya yanka robar keken ɗinki ya maye bel ɗin da ya narke. Ta tashi. Sai dai ba ta da remot, kuma maɓallin turawa gaba yana tauna kaset. Mai kunnawa da mai tsayarwa ne kaɗai ke aiki. Wato dole a kalla daga farko. Garaje ya ce a ransa ba komai, wa ya rage bai gani ba?

Ya zaɓi ranar da mijin Gimbiya da uwar mijin za su zo. Ya aika wa mai aski cewa ana nemansa. Da kowa ya hallara a falo, Gimbiya na kan doguwar kujera da jaririya a cinya, sai ya shigo rungume da bidiyo, wayoyi na jan ƙasa.

Matarsa ta ga kaset ɗin, ta ajiye faranti. “Malam, ka tabbata?”

“Na tabbata.”

“Kai fa ka kafa dokar.”

“Ni na kafa, ni na ɗage.”

Hoton ya yi tsalle, ya yi ruwa-ruwa, sannan ya zauna. Ga wani siririn matashi mai dogon wuya da gashi cunkus yana tsoma takalmi a baho.

“Wai!” in ji Gimbiya. “Baba ne wannan?”

Kumfa ta taso. Aka ɗaura nafkin a ka. Malamar makaranta ta yi ƙoƙari, ta haɗe baki, ta gyara tabarau, amma da aka rataye jariri a ƙusa sai wani sauti ya kuɓuce mata ta hanci. Gimbiya ta dafe ciki tana cewa, “Wayyo Umma, cikina, ku tsayar!” Surukin, yaro mai kunya, ya ɓoye fuska a bayan wayarsa, kafaɗunsa kaɗai ke rawa, Garaje ya ji ya ƙara sonsa. Da jaririn ya fita ta taga kuwa, har mai aski da ya san abin da ke zuwa sai da ya zamo daga kujera. Garaje na tsugune gaban bidiyo, yatsa a kan maɓalli, yana jira kamar maharbi. Su yi ta yi. Saura kaɗan.

Muryar nan mai kauri ta yi gargaɗinta. Aka nuno Malam Natsuwa yana murmushi. Aka matso kusa: hannuwa biyu, ɗaya a ƙarƙashin ƙeya, ɗaya yana naɗe nafkin. Garaje ya danna. Hoton ya tsaya yana kyarma.

“To, kowa ya buɗe ido.” Ya ɗora manuniyarsa ta hagu a kan gilashin, gefen wadda ke ciki. Farce biyu, tsaga ɗaya. “Hannun wa ke nan? Malama, ke ce mai tabarau. Hannun wa ke nan?”

Malamar ta matso ta duba da gaske, kamar mai duba jarrabawa. “Naka ne.”

“Natsuwa, nuna musu farcenka.”

“Ba sai na nuna ba,” in ji mai aski, yana share hawayen dariya. “Nasa ne. Wallahi nasa ne. Ni da aka kunna fitilun nan ko hoda ban iya riƙewa ba. Shi ya yi komai, ni na yi murmushi.”

Garaje ya so a ce mai aski ya yi gardama. Ya tanadi maganganu na shekara da shekaru, ga shi mutumin ya miƙa wuya tun kafin a zare su.

“Kun ji dai,” ya ce. “Ƙarya ce ake ta miƙa wa jarirai.”

“Da farko kam ƙarya ce,” in ji Natsuwa. “Ranar da wata ta fara miƙo mini na gaske, kafin in ce ban iya ba ta riga ta saki. Gobe wata, jibi wata. Ya zan yi? Dole na koya, a kan ’ya’yan mutane. Na gaske ba kamar ’yar roba ba ne, Garaje. Yana mutsu-mutsu, kansa yana langaɓewa.” Ya ɗan karkata kai, ba da mugunta ba, abin da ya ƙara munin tambayar ke nan. “Kai tun daga nan guda nawa ka ɗauka?”

Garaje ya sauke yatsansa daga gilashin. Ya juya wurin ’yarsa.

“Gimbiya, kin dai gani. Abin da aka nuna miki a asibiti rabin labari ne. Ban ce kin yi laifi ba. Ko ni ne na ga ubana ya yi haka, zan hana shi ’yata.”

“Wane asibiti?”

“Wurin awo mana.”

“Baba, talabijin ɗin wurin awo ƙwallo masu gadi ke kallo a ciki. Ni yau na fara ganin wannan abu. Yaushe kuka yi shi? Umma, shi ne ba ki taɓa gaya mini ba?”

“An hana,” in ji uwar.

“To sunan fa?” in ji Garaje. “Ba ki taɓa tambayar inda na samo shi ba?”

“Na ɗauka don saurin cin abincinka ne.”

“To me ya sa ba ki ba ni ita ba?”

“Ka taɓa miƙo hannu? Kullum kana bakin ƙofa, hannu a baya, kamar wanda aka turo duba gini. Na ce wa Umma ko tsoron jarirai kake yi, ta ce in ƙyale ka, in ka shirya za ka yi magana.”

Ya dubi matarsa. Ta ɗauki farantinta.

Sai Malam Garaje ya yi abin da bai taɓa yi ba tun yana saurayi: ya fito da hannuwansa daga baya ya miƙa su gaba. Gimbiya ta tashi da jaririyar, tana murmushi, ta yi taku biyu. A daidai nan bidiyon ta gaji da tsayuwa ta ci gaba da kanta, ta kai ƙarshen fim, inda ake maimaita darasi. Aka sake nuno jaririn yana tashi sama, wannan karon a hankali, yana juyawa, ƙafa sama kai ƙasa, har ya ɓace ta taga.

Gimbiya ta tsaya. Ta dubi talabijin, ta dubi hannuwan ubanta.

“Baba… ɗan zauna a ƙasa tukuna.”

Aka janyo katifa. Aka jera matasai hagu da dama. Malamar makaranta ta tashi ta rufe taga, ta sa sakata. Matarsa ta ture bahon wanka da ƙafa zuwa bayan kujera.

“Kawu Natsuwa,” in ji Gimbiya, “don Allah zauna kusa da shi.”

Haka aka ɗora masa jikarsa. Ba ta kai ’yar robar nauyi ba, ko kusa. Tana da ɗumi, tana ƙamshin madara, maɗigarta na bugawa a hankali. Ta yi miƙa, kanta ya tafi baya, sai ya ji wani hannu ya shigo ƙarƙashin nasa ya gyara masa yatsu a ƙeyarta. Ya so ya make hannun. Amma da wanne? Duka biyun suna aiki, kuma rawa suke yi, na mai aski ne ba ya yi.

“Amaryata,” ya ce, ƙasa-ƙasa, don kada wani ya riga shi.

Ta buɗe ido ɗaya ta dube shi, ta rufe. Garaje ya ɗauki wannan a matsayin amsa. Ya ƙudura a ransa cewa da an tashi zai mayar da kaset ɗin ƙarƙashin gwangwanayen allura, ya maido da dokarsa, yarinyar nan ta girma ba ta san komai ba.

Kaset ɗin nan shi kaɗai ya rage, sauran sun daɗe da ruɓewa a ɗakunan ajiya. Surukin kuwa ya ɗauke fim ɗin tsaf a wayarsa daga farko har ƙarshe, kuma kafin a naɗe katifar ya riga ya tura wa dangi.